Yawon Ɗanɗano a Legas: Daga Kaskon Fanke Zuwa Alkakin Agege

Sana'ata kayan fulawa ce. A Kano nake soya cincin da donat da fanke, ina kai wa shaguna da masu biki, shi ya sa duk garin da na sauka nakan fara duba kaskonsa kafin in ɗaga kai in kalli benayensa. Na daɗe ina zuwa Legas sarin kaya, amma zuwan 'yan kasuwa ne: daga mota sai kasuwar Balogun, daga Balogun sai masauki. A wannan karon ne ɗan wana, haifaffen Agege, ya tsare ni ya ce, "Gwaggo, ke da kike wannan sana'a, bai kamata ki koma ba ki bi mu yawo ba."

Yawon da yake nufi shi ne abin da ya mayar sana'a bayan ya gama karatu. Yakan tara baƙi 'yan kaɗan, kowa ya biya kuɗi ɗaya da ya haɗa da abin da za a ci a hanya, ya shige gaba ya zaga da su lungu-lungu a ƙafa, ana ci yana ba da tarihin wuri. A biranen Amurka da Turai an saba da irin wannan, har akwai wanda donat kaɗai ake bi ana ci daga shago zuwa shago. Nasa ya fi faɗi, duk abin da aka kwaɓa aka soya ko aka gasa yana ciki. Sharuɗɗansa ba su da yawa: kada a karya kumallo a gida, a sa takalmi mai daɗin tafiya, kuma duk abin da aka miƙo a raba shi biyu da na kusa, don hanya da nisa.

Gari bai gama wayewa ba muka haɗu kusa da tashar jirgin ƙasa ta Agege. Akwai wasu 'yan mata biyu 'yan Katsina masu bautar ƙasa, da wani Alhaji da matarsa daga Abuja, sai wata Bayarabiya da ta zo hutu daga Ingila da ɗanta. Hausa ce ta fi yawa a bakinmu, jagora kuma yana juya wa sauran.

Da gidan burodi muka fara, wani tsohon gini a bayan layi wanda ƙamshinsa ya riga ƙofarsa tarar mu. Abin da ya riƙe ni a ciki injin murza kwaɓi ne. Ƙarafa biyu ne mulmulallu suna juyawa, wani ƙaƙƙarfan saurayi yana ɗaga kwaɓin da hannu biyu ya cusa a tsakaninsu, ya fito ta ƙasa a shimfiɗe, ya ninke shi ya sake cusawa. Tun kwaɓin yana tsagewa a gefe har ya koma sumul yana sheƙi. Sai a yanka, a auna, a jera a gwangwanaye, a bar shi ya tashi, a zura a tanda. Wannan murzar ita ce take sa burodin Agege ya yi nauyi a hannu, in ka yage shi ya riƙa bin hannunka zare-zare maimakon ya marmashe. Jagora ya ce ba a Agege abin ya faro ba. Wani mutumin Jamaika ne, Amos Shackleford, ya zo Legas a 1913 aikin jirgin ƙasa, daga baya ya buɗe gidan burodi a Ebute Metta, kuma shi ake danganta wa shigo da irin wannan inji. Da gidajen burodi suka yawaita a Agege, sai sunan unguwar ya bi burodin har Arewa.

A bakin ƙofa mata ne a jere da manyan farantai, kowace tana jiran kasonta ta ɗora a ka ta shiga gari. Wasu tare suke tafiya da masu ewa agoyin, wato wake da aka dafa ya yi luguf aka zuba masa baƙin soyayyen barkono. Mu kuwa teburin mai shayi muka nufa da burodinmu da zafinsa. Mutumin Maraɗi ne, ya daɗe a wurin.

"Sannu da aiki, Malam."

"Yauwa Hajiya, sannunku da zuwa. A shafa bota ko a bar shi haka?"

Na ce a bar shi haka, don in ji shi kansa. Yana da ɗan zaƙi, gishirinsa daidai, kuma in ka tsoma shi a shayi yakan sha ya riƙe jikinsa. Duk mai shayin da ke Legas ya san dalilin da ya sa ba ya sayen wani burodin.

Zaman Hausawa a Agege ma layin dogon nan ne ya ƙarfafa shi. Tun da jirgi ya haɗa Ikko, wato Legas, da Kano a 1912, fataken goro suka riƙa sauka a nan suna saye a ƙauyukan kewaye, suna ɗaure huhu suna lodawa zuwa Arewa. Zango ya kafu, aka yi masallatai da makarantun allo, aka naɗa Sarkin Hausawa. Yau akwai gidajen da kaka da jika duk a nan aka yanke musu cibi.

Daga nan muka hau jirgin layin ja, wanda ya fara ɗaukar fasinja a 2024, da katin Cowry ake biya. Ya bi ta Ikeja da Oshodi da Mushin da Yaba, ya ajiye mu a Oyingbo. Wanda ya taɓa kwana a cunkoson hanyar Agege zuwa Oshodi shi zai san darajar wannan jirgi.

A gefen kasuwar Oyingbo muka tarar da matar da ta fi burge ni a duk masu suyar bakin titi. Yarabawa da sauran mutanen Kudu fof-fof suke ce wa abin da take soyawa, mu kuma fanke. Dattijuwa ce, ta ɗaura zane a kan riga, ga ƙaton kasko a kan murhun gawayi, ga babbar roba cike da kwaɓi ya tashi yana huda ƙananan idanu. Jagora ya rusuna ya gaishe ta da Yarbanci, ya kira ta Iya, ta amsa ba tare da hannunta ya tsaya ba. Takan tsoma hannu a ruwa, ta ɗebo kwaɓin da yatsu huɗu, ta dunƙule hannu ta matse, sai ƙwallo ya ɓullo ta tsakanin babban yatsa da manuni ya faɗa cikin mai. Kafin ka ƙirga goma ta cika kaskon, kuma babu wanda ya fi wani girma. Kowane ya nutse, ya taso, ya kumbura, wasu ma su juya da kansu in gefe ɗaya ya soyu. Ragowar ta bi su da matsami tana kaɗawa.

Na tsuguna kusa da ita ina kallon kwaɓin. Ya fi nawa ruwa, kuma daga ƙamshinsa na gane ya daɗe a rufe, don akwai ɗan tsami-tsami a bayan zaƙin. Ta ce tun kafin asuba take kwaɓawa: fulawa, yis, sukari, gishiri, ruwan ɗumi, da 'yar gyaɗar ƙamshi. Babu ƙwai, babu madara. Tana da roba ta biyu wadda ta jajjaga wa attaruhu da albasa, shi ma'aikata masu sammako suka fi so. Na ci na zaƙin, na ci na yajin. Bayansa da ɗan ƙarfi, cikinsa saƙa-saƙa, in ka danna ya dawo, kuma bai bar maiƙo a yatsa ba. Wannan na ƙarshen shi ne shaidar gwani. Fanke yakan sha mai ne in man bai yi zafi ba ko an cika kasko fiye da ƙarfin wuta, ita kuwa da ido take auna wutarta, ta janye gawayi ko ta tura.

Matar Alhaji ta ce fanken yanzu ya ƙanƙance. Da aka juya wa Iya maganar, ta nuna buhun fulawar da ke bayanta ta yi magana mai tsawo. Jagora ya ce cewa take yi, mai saye ba ya yarda a ƙara masa kuɗi, don haka hannu ne yake rage ɗiba. Na san wannan ciwon, don ni ma shi nake fama da shi a Kano. Alkamar da ake nomawa a Kadawa da kwarin Haɗeja ba ta kusa isar ƙasar nan ba. Mafi yawanta ta jirgin ruwa take zuwa, a sauke a Apapa, inda kamfanin Flour Mills ya fara niƙa tun 1962. Da dala ake sayenta, saboda haka tun da darajar naira ta faɗi a 2023, duk motsin da dala ta yi sai ya iso cikin robar Iya. Man gyaɗa da sukari su ma ba su tsaya ba.

Danfo, wato ƙaramar bas ta haya, muka shiga muka haye gadar Carter, muka sauka Idumota, cikin hayaniyar da sai ka ɗaga murya na kusa da kai zai ji ka. A nan masu akwatin gilashi suke, kowa ya jera bons da egrol da donat mai sukari. Bons ɗan'uwan fanke ne, sai dai da bekin-foda ake tayar da shi ba da yis ba, kwaɓinsa da tauri, shi ya sa bayansa yake tsagewa ya yi ƙaras-ƙaras, cikinsa kuma ya cika. Egrol kuwa dafaffen ƙwai ne aka naɗe da irin wannan kwaɓi. Abincin ɗan dako ne da mai shago, a ci ɗaya a sha ruwa a kai azahar. Ban tsaya a kansu ba, don na akwati ba ya kamo ƙafar wanda aka tsamo yanzu.

Abin da na yaba wa ɗan wana a nan shi ne bai bari mun sa komai mai nama a baki ba sai inda ya sani. Ya ce duk wurin da yake kai mutane sai da ya shiga ya ga naman da suke saye da man da suke suya da shi. Alhaji ya ce wannan kaɗai ya isa a biya kuɗin jagora, don baƙo Musulmi a Legas yakan wuce abubuwa da yawa saboda rashin wanda zai tambaya. Masu tallar Gala, niƙaƙƙen naman nan da ake naɗewa da fulawa, suna ta ratsa motoci da kwalaye a kafaɗa, abin da Legas ta saba gani tun shekarun 1960.

Muka bi ta titin Martins muka tsaya a masallacin Shitta-Bey, wanda aka buɗe a 1894. Ƙarami ne in an gwada shi da Babban Masallacin Legas da ke titin Nnamdi Azikiwe, amma adon fuskarsa irin na Barazil ne, don magininsa cikin waɗanda suka dawo daga can yake. Daga nan jagora ya ja mu zuwa unguwarsu, wajen dandalin Campos. Aguda ake ce musu: bayin da aka kai Barazil da 'ya'yansu, waɗanda suka sami 'yanci suka dawo, musamman bayan tawayen da Musulmi suka yi a Bahiya ta Barazil a 1835. Cikin bayin Bahiya har da Hausawa masu yawa, abin da ban taɓa ji a makaranta ba. Sun dawo da gini da kafinta da ɗinki da nasu salon girki. Har yanzu zuriyarsu Kiristoci suna dafa frejon, wake da madarar kwakwa, a Juma'ar da ke gaban Ista. Ya nuna mana gidan Da Rocha a titin Kakawa, wanda ake kira gidan ruwa saboda ruwan da ake sayarwa a cikinsa a da.

A bakin wani lungu wata mata tana suyar ƙosai, sai ya saya mana, ya ce wannan ma ya yi tafiyar teku. A Bahiya har gobe mata suna soya shi a manja, suna kiransa akaraje, daga sunansa na Yarbanci. Ɗan Bayarabiyar nan, wanda tun safe yake yatsina fuska, ƙosai ne ya fara sa shi neman ƙari.

Mit-fai muka ci a kusa da Marina, unguwar da gidan abincin Mr Bigg's, wanda ya yi suna da shi, ya buɗe shagonsa na farko a 1986. Na wani ƙaramin shago muka ci, ɓawonsa yana narkewa, cikinsa niƙaƙƙen nama da dankalin Turawa da karas, an danne bakinsa da cokali mai yatsu. Bayan mun yi sallar azahar muka miƙe ta dandalin Tafawa Balewa zuwa Obalende. Rana ta take, iskar teku mai ɗanko ta manna mana tufafi a jiki, kowa ya yi shiru sai ƙarar takalmi.

Obalende ta dawo mana da magana, don tun daga bakin gada Hausa kake ji. Tsohuwar unguwar sojoji ce, kuma alaƙar Hausawa da aikin soja a Ikko ta daɗe: rundunar da Baturen mulki John Glover ya kafa a 1863, wadda sojan Nijeriya ke ƙirga asalinsa daga gare ta, da sunan Hausawa aka san ta. Masu tsire ba su hura wuta ba tukuna, sai yamma, amma mun sami mai waina tana juya ta a tanda. 'Yan Katsinan nan suka ce rabonsu da ita tun barinsu gida. Suka ci da ƙuli-ƙuli da yaji, babu wadda ta raba tata da kowa.

Donat na zamani a titin Awolowo muka same shi, cikin Ikoyi, a shago mai sanyin na'ura da ma'aikata masu hula. Tun da kamfanin donat na Amurka, Krispy Kreme, ya buɗe a Ikeja a 2018 irin waɗannan shaguna suka ƙaru, ga kuma yayin donat mai madara da ya cika Instagram da TikTok. Na ɗauki ɗaya na juya shi. Akwai farin zobe a kewayen cikinsa, alamar an bar shi ya sake tashi bayan an yanka, har ya yi sauƙin da zai yi iyo a kan mai. Kwaɓin ya yi kyau ƙwarai, da bota da ƙwai da madara, ba shi da nauyi ko kaɗan, kuma na ƙaru da ganinsa. Sai dai madarar da aka ɗura masa, ta gari da ta ruwa mai kauri, ta danne komai, ba ka jin alkama ba ka jin suya. Kuɗin guda ɗaya kuwa zai cika leda da fanken Iya. Matasan cikinmu sun so shi, sun ɗauki hotuna. Ni da Alhaji ruwa muka nema.

A nan yawon yake ƙarewa, aka yi sallama kowa ya kama hanyarsa. A mota muna komawa na ce wa ɗan wana, "Ka kai mu wajen Yarabawa, ka kai mu wajen Aguda, ka kai mu wajen Turawa. Ina namu? Waina kaɗai muka iya?"

Ya ce, "Gwaggo, namu ba ya bakin titi. Yana cikin gida, sai an yi biki yake fitowa."

Gaskiya ya faɗa, kuma abin ya tsaya mini a rai. Funkaso da hudarsa a tsakiya muke yinsa tun kakanni, da alkamar da muka noma da kanmu, a ci da miyar taushe ko a tsoma a zuma. Muna da dublan, muna da gireba, muna da nakiya wadda take wata da watanni ba ta lalace ba. Amma baƙon da ya zo Legas zai zaga gari ya koma bai san akwai su ba, alhali a Agege da Idi-Araba da Mile 12 akwai matan da suka gaji wannan aiki daga iyayensu.

Bayan magariba matar wana ta raka ni gidan wata Hajiya a cikin Zango, wadda ita ake ba aikin gara in za a kai amarya. Muka yi sallama muka shiga, ɗan wana ya tsaya a zaure. Tsakar gidan cike yake da ƙamshin man gyaɗa da zuma. Mun tarar ana aikin wani biki, 'yan mata sun kewaye tabarma, ga dublan an jera a faranti, an murza shi siriri an naɗe shi fure-fure, an tsoma a ruwan sukari da lemon tsami an barbaɗa riɗi.

"Sannu da aiki, Hajiya. Ya gida, ya yara?"

"Lafiya lau, 'yar nan. An ce daga Kano kike? To zauna ki gaya mini ko hannuna ya manta gida."

Ta miƙo mini alkaki. A Agege aka haife ta, amma kakarta Bakanuwa ce, a wurinta ta koya. Alkamarta daga Arewa ake kawo mata, ta motocin da ke sauke kaya a Mile 12, ba ta yarda da fulawar buhu a alkaki ba. Ɓarza ta ake yi ba a niƙa ta yi laushi ba, a murje ta da mai, a kwaɓa da abin tsami, a rufe ta kwana. Da safe a sa ruwan kanwa a kashe tsamin, a yi ta murzawa har ta yi danƙo. Na ga yadda take ɗibar ɗan curi, ta mirgina shi a tafin hannu ya yi tsawo, ta lanƙwasa ta harɗe bakin biyu ta manne. Wutar suyarsa kaɗan-kaɗan ce, don ya soyu har ciki, yana fitowa kuma da zafinsa ake tsoma shi a zuma.

Na gatsa. Ya yi ƙaras a haƙori, sannan ya marmashe, zumar da ta shige cikinsa ta fito, ga ɗan tsamin nan a ƙarshe yana hana zaƙin ya gundure ka. Duk abin da na ci tun safe, babu wanda aka zuba wa aiki da haƙuri kamar wannan, kuma babu wanda ya kai shi. Na faɗa mata haka, ta yi dariya ta ce 'yan matan yanzu donat suke so a sa musu a gara, sai iyaye sun matsa ake haɗawa da alkaki.

Na ce mata ɗan wana yana zaure, kuma ina so ta yarda ya riƙa kawo baƙinsa. Ta yi jim, sannan ta yafa mayafi ta fita ta same shi. Ina jin su daga ciki. Ta ce maza iyakarsu zaure, a nan za a kai musu. Mata su shigo, amma ban da ɗaukar hoton 'ya'yanta. Kuma ya riƙa sanar da ita tun ana jibi za su zo, don alkama sai ta kwana. Ya ce ya amince, ya tambaya ko za ta haɗa da funkaso. Ta ce funkaso da zafinsa ake ci, in yana so sai ya juya tafiyar tasa, a fara da gidanta da safe kafin a je gidan burodi. Suka tsaya a kan haka, kuɗi kuma ta ce sai ta yi lissafin zuma.

Ni ma na ɗaga komawata Kano, don ta ce in dawo bayan sallar asuba in ga yadda take auna kanwar.